Yaya Anselm da Hular Kwano Mai Tsini

Yayana Anselm Kessler ya baro Jamus ne don kada a sa masa kakin soja. Yana saurayi ya ɓuya a ƙarƙashin ciyawa cikin keken doki ya tsallake iyaka, ya hau jirgin ruwa ya sauka Amurka. Ni sai bayan rasuwar Inna ya aika aka kawo ni. Na same shi a Fort Lee, garin nan da ke kan tudu yana kallon New York ta tsallaken kogi, yana aiki a wata barga da ke ba da hayar dawaki.

Ƙato ne, wuyansa kamar turmi. Sanƙo ya kama shi tun da wuri, sai ya riƙa aske kan gaba ɗaya. A kumatunsa na hagu akwai tabo daga kunne har gefen baki, wata goɗiya ce ta harbe shi yana gyara mata kofato. Wanda bai san shi ba, in ya haɗu da shi a lungu sai ya canza hanya. Amma wallahi mutumin nan ko kaza za a yanka a gidana sai ya nemi dalilin fita. Abin da ya fi so a duniya shi ne waƙa. Duk Lahadi da yamma Jamusawan garin sukan taru a ɗakin da ke saman gidan burodin mijina, Valentin, su yi waƙoƙin gida. Yaya ne mai babbar murya, in ya saki ta har kofunan da ke ƙasa sai sun yi ƙara. Shugaban ƙungiyar shi ne Malam Eberhard Lenz, wani ɗan tsamurmurin tsoho mai koyar da yara piyano. Shi ya koya wa Yaya karatun Turanci, shi ya tsaya masa a wurin mai barga har ya samu aiki. Yaya ba ya zama a gabansa sai ya ce masa zauna.

A shekarun nan ne masu fim suka cika garin. Suka gina manyan ɗakuna na gilashi zalla don rana ta shiga, suka mayar da dazuzzukanmu ƙasar kaboyi, bakin tudun kuma wurin jefa mugu. Fim ba ya magana a lokacin, fuska da hannu su ne komai. Kowa a garin ya taɓa fitowa cikin taron jama'a a wani fim, har ni. Yaya dai dawaki yake kai musu, ya tsaya gefe yana riƙe da linzami.

Wata rana wani darakta, Mista Pendry, mutum mai ihu da sigari a baki, ya rasa wanda zai fito a ɗan fashi. Ya waiga ya ga Yaya.

"Kai, mai doki! Ka iya faɗuwa?"

"Daga ina, ranka ya daɗe?"

"Daga kan doki mana!"

Yaya ya ce, "Ni da na yi shekaru ina koyon kada in faɗo."

Aka bushe da dariya. Ya hau, aka harbe shi da bindigar wasa, ya zube ƙasa kamar buhun dankali, har ƙafarsa ɗaya tana ɗan karkarwa. Pendry ya cire sigarin daga baki ya ce gobe ya dawo, ya bar dawakin a gida.

Shekarun da suka biyo baya su ne mafi daɗi a rayuwarsa. Ya fito a ɗan fashi, a mashayi, a mai gidan haya marar imani, a ƙaton da ɗan ƙaramin jarumi ke jefawa ta taga. An zuba masa fulawa, an tura shi kogi cikin sanyi, an fasa masa kujeru a ka. Mu kuma mu je silima mu yi dariya har da hawaye. In ya shigo wurin waƙa ranar Lahadi, sai abokansa su tare shi.

"Anselm, sau nawa ka mutu a makon nan?"

"Ranar Talata kaɗai sau biyu, kafin abincin rana."

"To wa ya biya kuɗin binnewa?"

Malam Lenz ma yakan yi murmushi, ya buga sandarsa ya ce, "Gawa ta koma layin baya, za mu fara."

Sai Amurka ta shiga yaƙi da Jamus, a 1917. Cikin 'yan watanni garin ya zama wani gari. Matan da muka yi shekaru muna gaisawa suka fara sayen burodi ba tare da sun dube ni ba. Valentin ya kankare rubutun Jamusanci daga gilashin shago, ya kafa tutar Amurka a ƙofa. A kan titi muka daina magana da harshenmu. Duk Bajamushen da bai karɓi takardar zama ɗan ƙasa ba, aka ce ya je wurin 'yan sanda a ɗauki zanen yatsunsa, kuma muna jin labarin waɗanda aka kwashe zuwa wani sansani can kudu. Yaya bai taɓa neman takardar ba. Kullum cewa yake sai wani mako.

A lokacin ne Pendry ya kira shi ɗakin kaya ya nuna masa kakin hafsan Jamus: dogayen takalma, bulala, tabarau mai ido ɗaya, da hular kwano mai tsini a ka. Yaya ya ce shi dai a bar shi a ɗan fashinsa.

Pendry ya ce, "Saurara, ƙato. Ba mai son ɗan fashi yanzu, Bajamushe ake so. Ko ka sa kayan nan kowa ya san kana tare da mu, ko mutane su fara tambayar me wani ƙaton Bajamushe marar takarda yake yi kullum a bakin tudu yana kallon jiragen ruwa. Ni ba ni zan tambaya ba. Amma za a tambaya."

Ya sa. Suka canza masa suna zuwa Baron von Halden, suka rubuta a jarida cewa tsohon hafsa ne na Sarkin Jamus, tabon fuskarsa kuma na takobi ne. Da farko abin dariya ya ba shi. Ya zo gida ya ce mini, "Ottilie, kin ji goɗiyar nan ta zama takobi? Har ni ɗan sarauta ne, ke kuma gimbiya, ki daina wanke tire."

Kuma ya iya, abin da ya fi ba ni kunya ke nan in faɗa. Ya iya ƙwarai. In ya maƙala tabaran nan a ido ya karkatar da baki ta wajen tabon, ni da muka sha nono ɗaya sai gabana ya faɗi. Sunansa ya hau allon ƙofar silima. A jirgin fito mata suna tofa masa yawu, kamfani kuma yana murna.

Babban fim ɗinsa ya fito da bazarar shekara ta gaba. A ciki sojojin Jamus sun ci wani ƙauye, Baron ya fito da tsohon malamin makaranta gaban ɗalibansa, ya zane shi da bulala, ya sa shi durƙusa ya sumbaci takalminsa. A ƙarshe jarumi ya harbe Baron. Ni ban je ba. Malam Lenz ne ya je, ranar Alhamis da rana, don ya ce ba zai yanke wa yaronsa hukunci kan abin da bai gani ba. Daga silima ya zarce shagonmu. Ya tsaya a gaban kanta, hularsa a hannu, ya jira har mai sayayya ta fita.

Ya ce, "'Yata, shekara talatin ina kallon bakin masu waƙa. Na san abin da baki ke faɗa ko ban ji sauti ba. Kin san me yayanki yake faɗa sa'ad da yake dukan tsohon nan? Waƙarmu ce. Wadda muke buɗe zama da ita, ta kewar gida."

Ya mayar da hularsa ya hau sama.

Da Yaya ya zo cin abinci na tambaye shi. Cokalin ya tsaya masa a hanya. Ya ce Pendry ne ya yi ta ihu, motsa baki, faɗi wani abu da yarenku, ba mai ji. Shi kuma kansa ya kulle, ba abin da ya zo masa sai waƙar. Ya ce, "Ban zaci wani zai gane ba." Na ce, "Yaya, ko ba a gane ba fa?" Ya ture kwanon ya rufe fuska da tafukansa. Kunnuwansa sun yi jawur.

Ranar Asabar kamfani ya shirya masa tsayawa a dandamalin silimar garin cikin kakin, bayan nunin rana, don jama'a su yi masa ihu. Wani mai jawabi daga birni ya biyo bayansa, ya ce irin wannan dodon ba a fim kaɗai yake ba, akwai su a titinku, suna taruwa a saman shaguna suna waƙa da harshen maƙiya. Mutane suka fito a fusace, kuma ba su yi nisa ba, don shagonmu yana ƙasan titin.

Dutsen farko ya faɗo cikin tiren kek. Valentin ya fita yana ɗaga hannu yana nuna musu tuta, wani ya kwaɗa masa sanda a goshi. Suka watsa fenti ruwan ɗorawa a ƙofa. Wasu suka haura sama suka tarar da Malam Lenz yana jera littattafan waƙa don gobe. Suka watso littattafan ta taga, suka jawo shi ƙasa, tabaransa a karye, suka durƙusar da shi a tsakiyar titi. Wanda ke gaba shi ne Tuck, mai tuƙa motar ƙanƙara, mutumin da kowace safiya nake naɗe masa burodi da hannuna. Na ga igiya a hannun wani a baya. Wani yana cewa a kai shi bakin tudu. Ina ihu ina kiran sunayensu ɗaya bayan ɗaya, ba wanda ya juyo.

Yaya yana bayan silima zai tuɓe kayan aka gaya masa. Ya taho a guje yadda yake, da hular, da bulalar a hannu. Da na hango tsinin hular saman kawunan mutane na ce shi ke nan, yau za su kashe shi. Sai kawai na ji sowa.

"Ga Baron! Ku ba Baron hanya!"

Tuck ya dafa kafaɗarsa yana dariya. "Baron, ga malamin makaranta na gaske mun kawo maka. Yi mana irin na fim!"

"A yi! A yi!"

Yaya ya tsaya yana haki. Ya dubi igiyar. Ya dubi Valentin da jini a fuska, ya dube ni. Malam Lenz ne bai duba ba. Ya sa hannu a aljihu ya ciro tabaran ya maƙala a ido, ya karkatar da baki. Jama'a suka ja baya suka yi da'ira. Ya zagaya tsohon yana taku irin na fim, yana ɗaga gwiwa, ya tsula bulalar a ƙasa dab da hannunsa, ya sake tsulawa. Bai taɓa shi ba ko sau ɗaya, wannan na gani da idona. Sannan ya miƙa takalminsa gaba. Ina kusa, na ji abin da ya faɗa ƙasa-ƙasa da harshenmu, fuskar tana nan a murtuke.

"Malam, don Allah. Don Allah."

Malam Lenz ya ɗaga kai ya dube shi. Ya daɗe yana dubansa. Sannan ya sunkuya ya sa bakinsa a kan takalmin.

Titi ya kaure da ihu da dariya. Suka fara jifan Yaya da burodinmu. Wani yaro ya nuna shi da yatsa ya ce "Tau!", Yaya ya dafe ƙirji, ya yi tangaɗi, ya zube cikin fentin, ƙafarsa tana karkarwa. Aka yi ta tafi. Kafin 'yan sanda su ƙaraso taron ya fara watsewa, kowa na ba ɗan'uwansa labari. Mai igiyar ma ya naɗe ta ya tafi.

Malam Lenz ya miƙe da kansa. Ya ciro hankici ya goge bakinsa, ya ninke, ya mayar aljihu. Ya tsince littattafan da ba su yayyage ba, ya rungume su. Yaya ya taso zai kama masa hannu, tsohon ya ce, "Na gode, Baron, zan iya." Ya bi titi a hankali ya tafi gida.

Na tarar da Yaya a bayan shago wajen famfo, yana amai. Da ya gama ya zauna a ƙasa ya cire takalman ya jefar da su nesa. Ya ce, "Ottilie, da na tsaya a gabansa kawai na ce ku fara da ni. Me ya hana ni?" Na ce da sun kashe ku ku biyu. Ya ce, "Wataƙila. Amma ba wannan na tuna ba a lokacin. Tsoro na ji. Da suka yi tafi kuma..." Valentin ya leƙo da tsumma a goshi ya ce, "Yaya Anselm, gidan nan gidanka ne. Amma kada ka sake shigowa da kayan nan, ko ta baya."

Ƙungiyar waƙa ba ta sake zama ba. Jamusawan garin suka raba gari da shi. Ba wanda ya zage shi, sai dai in ya shigo coci layin da ya zauna ya zama nasa shi kaɗai, har ya daina zuwa. Ranar Litinin ɗin da ta biyo bayan abin ya je wurin Pendry da niyyar ajiye aiki. Ya tarar labari ya riga shi, Pendry yana ta murna, wai wannan talla ce da ba a saye da kuɗi. Yaya ya buɗe baki, ya tuna sansanin kudu, ya rufe. Ya sa kakin ya shiga gaban kyamara. Ya ci gaba da sawa har yaƙin ya ƙare. Ba zan ɓoye wannan ba don yayana ne.

Ya koma kwana a ɗakin saman tsohuwar bargarsa. Yakan zo ta ƙofar baya in ba shi abinci, ya ci a tsaye. Sau da yawa ya kama hanyar gidan Malam Lenz, ya kai kwanar titin, ya dawo. Ya ce mini bai san da wace fuska zai ƙwanƙwasa ƙofar ba. Yana cikin wannan kai-komo annobar mura ta shigo da kaka, ta ɗauki Malam Lenz cikin 'yan kwanaki. Ranar binnewa Yaya ya tsaya a wajen shingen maƙabarta, hularsa a hannu, kansa a ƙasa. Kafin a watse ya tafi.

Bayan yaƙi masu fim suka kwashe suka koma California. Pendry ya ce ya biyo shi, mugu ba ya rasa aiki, yanzu ɗan Rasha za a mayar da shi, a ƙara masa gemu kawai. Yaya ya ce a'a. Ya sayi tsohon doki da keke ya shiga dakon kaya. Ya bar gemu ya rufe tabon, ya riƙa jan hula har gira. Duk da haka yaran gari sun daɗe suna bin kekensa suna cewa, "Baron, yi mana fuskar!" Ba ya ko waigowa.

Shekaru bayan haka matar Malam Lenz, Inna Mathilde, ta tsufa ta kasa zama ita kaɗai, za ta koma wurin 'yarta a Newark. Akwai masu dako da yawa a garin, amma ta aiko cewa Anselm take so. Na je taya ta ɗaure kaya. Yaya ya iso tun da sassafe, ya yi ta hawa da sauka da akwatuna da gado da kujeru, bai ɗaga ido ba, ita ma ba ta ce masa komai ba sai "wancan" da "a hankali". Da ɗakin ya zama wayam ta zuba kofi a kofi biyun da suka rage, ta miƙa masa ɗaya. Ya karɓa.

Ta ce, "Akwai saƙon da ya bar maka, na riƙe shi shekarun nan don ban so in ba ka. Kafin ya rasu ya ce in gaya wa Anselm cewa shi ma ya ga igiyar. Ya ce ka cece shi."

Yaya ya ajiye kofin a kan taga.

Ta ce, "Na isar. Amma ka sani ni ban yarda da shi ba. Ni na ga yadda ya dawo gida ran nan. Bai sake taɓa piyano ba."

Yaya ya ce, "Ke ce da gaskiya, Inna."

"Ban tambaye ka ba. Sha kofinka, hanya da nisa."

Ya shanye. Ya ɗaga ta ya ɗora a kan keke kusa da shi, ya lulluɓe mata ƙafafu da bargo, suka tafi. Ya ce mini har Newark ba wanda ya ƙara magana, sai da za ta sauka ta ce dokinsa ya rame, ya ƙara masa hatsi.

Daga nan ya ɗan saki jiki. Ya dawo cin abinci a teburinmu, yana ɗaukar 'ya'yana a kafaɗa. Waƙa dai ban sake ji daga bakinsa ba, silima kuma bai sake shiga ba, ko da fim ya fara magana kowa na rububin zuwa. Wata shekara gobara ta tashi a rumbun da aka tara tsofaffin finafinai a gefen gari, hayaƙi ya rufe tudun yini guda. Aka ce na kamfanin Pendry suna ciki. Na je da gudu na same shi yana wanke doki, na gaya masa, ina zaton zai yi murna.

Ya ce, "Duka?"

Na ce, "An ce duka."

Ya matse soson a hankali ya ce, "Tuck yana nan ai. Ke ma kina nan."

Ya rasu a 1933, ciwon huhu ya kama shi bayan ya kai kaya cikin ruwan sama. Na yi jinyarsa a ɗakin saman shago. Jaridar garin ta ba shi 'yan layuka, ta kira shi Baron von Halden, tsohon hafsan Jamus. Valentin ya sa kwat ɗinsa na coci ya je ofishinsu, ya zauna ya ƙi tashi har sai da suka yarda za su gyara. A mako na gaba suka rubuta Anselm Kessler, mai dakon kaya.